Ranar da Alhaji Lawali Ya Kai Kansa

Ku 'yan yanzu kuna ba ni dariya. Mutum ya sauka Guangzhou yau, gobe ya koyi ni hao da laoban, wato sannu da maigida, jibi ya buga kati an rubuta masa tafinta a ƙarƙashin sunansa. In magana ta sha masa kai sai ya ɗaga waya ta fassara masa. Ban hana ku ba. A kasuwa wannan yana ciyar da mutum, don ko kun kuskure, iyaka a kawo baƙin takalmi maimakon ja, a yi ɗan cacar baki a shirya. Tafintan da na yi shekara ashirin da wani abu ina yi ba na kasuwa ba ne. Nawa na ɗakin tambayar 'yan sanda ne, inda kalma ɗaya take hana mutum kwana a gidansa.

Sunana Habu, mutumin Fagge ne ni. Karatun injiniyan ruwa ya kawo ni ƙasar nan, na gama, na zauna, ban taɓa haƙa ko rijiya ɗaya ba. Lokacin da mutanenmu suka fara cika unguwar Xiaobei da sayayya, rigingimu suka biyo su, sai wata lauya mai ofis a unguwar Tianhe, Madam Chen, ta ji labarin akwai wani baƙar fata da ke jin Sinanci har da na jarida. Ta kira ni. Na je ina taƙama, don a zatona koya mata zan yi.

Aikin farko da ta ba ni, wata tsohuwar takardar bayanin wanda ake tuhuma ce, shafi uku. Ta ce in mayar da ita Hausa a rubuce. Na yi cikin rabin awa na miƙa mata ina murmushi. Ba ta jin Hausa ko kalma ɗaya, sai ta jefa abin a durowa ta kulle. Bayan mako guda ta fito da Hausar tawa, ta ce in mayar mata da ita Sinanci, ba tare da na ga ta asali ba. Da na gama ta jera takardun biyu a kan tebur, ta ɗauki jan biro. Inda mutumin ya ce ya ga kayan, tawa ta dawo da cewa ya san kayan. Inda ya ce an ba shi, tawa ta ce ya karɓa. Ta dube ni ta saman tabarau ta ce, "Habu, ka ƙara wa mutumin nan shekara biyu, kuma kana murmushi." Shekara guda cur na yi ina wannan aikin na kai da komowa kafin ta yarda in shiga ɗakin tambaya. Na sha jin haushinta a lokacin, har na taɓa ajiye aikin na kwana huɗu, amma duk abin da na iya a wurinta na iya shi.

Kayan aikina ba su cika ƙaramar jaka ba. Ƙamus na kalmomin shari'a da ya tsufa har na ɗaure shi da roba. Littafin rubutu, da biro biyu, don ɗaya yakan mutu daidai lokacin da ake bukatarsa. Kwafin fasfona da takardar zamana, saboda tafinta ma baƙo ne, kuma shi ake fara tambaya. Gorar ruwa, da dabino a leda, don wanda ake yi wa tambaya yakan manta bai ci komai ba sai jiri ya ɗebe shi. Sai jiƙaƙƙen tsumma. A nan duk abin da ka faɗa sai ka dangwala masa yatsa da jan tawada, kuma na lura ba abin da ke karya zuciyar dattijo kamar ya fito titi da jan yatsa kowa yana gani.

Abu na farko da nake cire wa mutanenmu daga kai shi ne beli irin na gida. A Kano in an kama ɗan'uwanka, ka nemi wani babba mai faɗa a ji, ku tafi caji ofis, a gaisa, a tambayi iyali, a ce a yi haƙuri, mutum ya sa hannu a fito. Wani ma tun kafin a kama shi lauyansa ya riga ya je kotu ya samo takardar da ta hana a taɓa shi. A nan babu wannan takardar. Babu alƙalin da za ka je wa ka ce ina jin za a kama ni, a kare ni. In suka tsare ka kan laifi, doka ta ba su har kwana talatin da bakwai kafin masu gabatar da ƙara su ce a ci gaba da riƙe ka ko a sake ka, kuma a kwanakin nan ba matarka ba abokinka, ba wanda zai gan ka sai lauya. Abin da suke da shi mai kama da beli sunansa qubao houshen, mutanenmu suna cewa cubaw. Ma'anarsa ka koma gida ka jira shari'a, wani ya tsaya maka ko a ajiye kuɗi, ba ka barin gari sai da izini, duk ranar da aka kira ka ka zo. Su 'yan sandan da kansu suke bayarwa, in sun gamsu ba gudu za ka yi ba. To ka ga baƙo, mai fasfo a aljihu da filin jirgi a bayan gari, shi ne mutum na ƙarshe da za su gamsu da shi.

Shekarar wasannin Olamfik ita ce muguwar shekararmu. Wasan a Beijing ake yi, amma mu a Guangzhou muka ji a jikinmu. Biza ta yi wuya, wanda ya saba sabunta tasa a nan aka ce ya koma gida ya nemo. Ana tare mutane a bakin tashar jirgin ƙasa na cikin gari ana duba fasfo. Masu gidaje suka fara cewa mei you, babu ɗaki, tun kafin ka buɗe baki. Sannan aka taso wa jabun kaya haiƙan, duk abin da ke ɗauke da tambarin wani babban kamfani ba da izini ba. Benayen Xiaobei da ba ka samun wurin taka ƙafa suka koma har kana jin ƙarar takalminka. A wannan shekarar wayata ba ta huta ba.

Wata safiyar Talata, ana saura 'yan makonni a buɗe wasan, Alhaji Lawali ya kira ni. Mutumin Maraɗi ne, dattijo mai kusan shekara sittin, ɗan kago, wato mai karɓar kayan mutane a sitonsa ya haɗa su a kwantena ya tura musu gida. Yana wata masana'anta a bayan gari duba kaya, sai mai gadin sito ya buga masa cewa 'yan sanda sun zo, sun buɗe wasu kwalaye sun sami takalma masu tambarin jabu, sun rufe sito, sun bar takardar sammaci da sunansa. Kwalayen na wani ɗan kasuwa ne da ya saya a wajen kasuwar Zhanxi Lu, aka kawo su a liƙe, shi kuwa tuni ya hau jirgi.

"Malam Habu," ya ce, "wanga al'amari ya hi ƙarhina. Ka tahi ka samo mini beli tun ba su kama ni ba. Ko nawa ne."

"Alhaji, ba a sayar da wannan a nan. Kana ina yanzu?"

"Ina cikin tasi. Mutane sun ce in wuce Hong Kong yau, in hau jirgi daga can."

"Ka ce wa direban ya juya ya kawo ka Tianhe. In ka doshi kan iyaka, sunanka ya riga ka isa."

Ya ce, "To."

A ofis Madam Chen ba ta ɓoye masa komai ba, ni kuma ban sassauta fassarar ba. Ta ce laifin da ake nema a kansa shi ne hannu a cinikin jabu da saninsa. In kayansa ne, ko ya san abin da ke ciki, magana ta yi nauyi. In ajiya ce kawai aka ba shi a liƙe, akwai hanya. Sannan ta ce, "Abin da ya fi kusa da belin da kake so shi ne ka kai kanka da ƙafarka, gobe da safe. Wanda ya kai kansa, takarda takan ce ya zo da kansa. Wanda aka kamo a kan iyaka, takarda takan ce gudu zai yi. Zan rubuta roƙon cubaw yau, mu shiga da shi a hannu, da rasit ɗin karɓar kayan, da takardar asibiti ta ciwon sugarka. Amma ban yi maka alkawari ba. Kana iya shiga ƙofar nan goben ka fito da la'asar, kana iya shiga ka yi wata guda da mako ɗaya ba ka ga waje ba."

Alhaji ya dubi hannuwansa. Mutum ne mai yi wa kansa allura kullum. Ya ce, "Wata guda ba zan kai ba."

Saura mai tsaya masa. Doka tana son mutumin da ba shi da hannu a maganar, mai gida da sana'a a garin, wanda zai sa ido a kansa, kuma in ya gudu shi za a tuhuma. A shekarar nan, ɗan ƙasa suke so su gani. Muka kira Sinawan da Alhaji ya yi shekaru yana cika wa aljihu da ciniki. Na farko ya ce yana tafiya. Na biyu ya ce mei you shijian, ba shi da lokaci. Na uku bai ɗauka ba. Ban zarge su ba, kowa tsoro yake ji. Da yamma muka tsaya cin abinci a shagon Lao Ma, wani Musulmin arewa maso yammacin ƙasar, mai farar hula, mai sayar da taliya da naman rago a Xiaobei. Alhaji ya shekara shida yana cin abinci a wurinsa, kuma duk hirarsu ba ta wuce sallama da nuni da hannu ba. Lao Ma ya ga bai taɓa kwanon ba, ya tambaye ni ko lafiya. Na gaya masa. Na kuma gaya masa abin da zai hau kan mai tsayawa, ban rage ko ɗaya ba. Ya goge hannu da tawul, ya daɗe yana kallon titi, sannan ya ce, "Ƙarfe nawa?"

Washegari da safe na tarar da wata rigimar. Labari ya zaga, sai ga mutum kusan ashirin a bakin benen Alhaji, 'yan Maraɗi da 'yan Yamai da 'yan zangon Kumasi, an sha manyan riguna, wai za su raka shi komisariya, wato ofishin 'yan sanda, su ba da haƙuri. A gida wannan mutunci ne. A nan, a shekarar Olamfik, baƙi ashirin su tunkari ofishin 'yan sanda a jere, ai kafin mu kai ƙofa an kira motar da za ta kwashe mu. Na roƙe su, na yi musu tsawa, har wani dattijo ya ce na zama Basine. Na ce na ji, a zage ni da la'asar, yanzu dai a koma a yi masa addu'a. Muka tafi mu huɗu, Alhaji da Madam Chen da Lao Ma da ni.

Lauya ba ya shiga ɗakin tambaya. Madam Chen ta miƙa takardunta ta zauna a benci tare da Lao Ma. Jami'in da ke riƙe da maganar, wani siriri mai furfura a gefen kunne, ya gwada Alhaji da Turanci, babu. Aka ce za a nemo mai Faransanci, na ce Faransancin Alhaji na ƙirgen kaya ne, ba zai ɗauki shari'a ba. Jami'in ya buga wa ofishin fassarar da suke aiki da shi, ya ce yana son mai Hausa, suka ba shi suna ɗaya. Ya ajiye waya ya dube ni.

Na ce, "Ni ne. Amma ka sani tare muka zo da shi."

Ya ce, "Na sani." Ya jawo rikoda ya ɗora a tsakiyar tebur. "A Beijing akwai Sinawa masu jin harshenku, a gidan rediyo. In na ga dama zan aika musu kaset ɗin nan. Kalma ɗaya ta bambanta, fanyi, kai za ka zauna inda yake zaune."

Fanyi shi ne tafinta. Kuma ba barazanar banza yake yi ba, na san mutanen da yake nufi, Hausarsu ta fi ta wasunku.

Aka fara. Suna, shekaru, yaushe ka shigo, ina kake kwana. Alhaji yana amsawa a natse, ina juyawa, wani matashin ɗan sanda yana bugawa a kwamfuta. Sai jami'in ya tura hoto gabansa, kwalaye a buɗe, takalma a jere.

"Kayan wane ne waɗannan?"

Alhaji ya duba, ya ga alamar sitonsa a jikin kwalayen. Ya ce, "Kayana ne, ranka shi daɗe. A yi haƙuri."

Ku da kuka tashi a cikin Hausa kun san abin da yake nufi. Ɗan kago duk abin da ya shiga sitonsa kayansa ne har ya isa hannun mai shi. In ya ce ba nasa ba ne, kamar ya ce ba ruwansa da amanar da aka ba shi, kuma wannan abin kunya ne da Alhaji Lawali ba zai faɗa ba ko a gaban wa. Amma kaset yana juyawa, kuma kayana kayana ne. Na faɗa da Sinanci yadda ya faɗa. Na ji maɓallan kwamfuta suna ƙara, na ga jami'in ya ɗan gyara zama.

Ya ce mini, "Sauran maganar fa? Ya ƙara wani abu."

A nan yawancinku za ku ce ya nemi gafara, don haka wayarku za ta ce. A takardar 'yan sanda kuwa, wanda ya nemi gafara ya amsa laifi. Na ce, "Ya ce a yi haƙuri, wato a daure."

"Yana neman afuwa ke nan?"

"Kalmar daurewa ce. Muna faɗa wa wanda aka yi wa rasuwa, muna faɗa wa wanda muka ɓata wa lokaci. Ka aika Beijing su duba."

Ya ƙyale wannan. Na samu ƙarfin gwiwa na ce ina roƙon izini in yi bayani kan kalmar farko, don tana da fuska biyu. Ya ɗaga hannu. "Kai ba lauyansa ba ne. Fassara kawai." Gaskiyarsa ce. Ban isa in ce wa Alhaji ko uffan ba, ban isa in taka masa ƙafa a ƙarƙashin tebur ba. Aka ci gaba awa uku. Ya ba da labarin mai kayan, ya ce a liƙe aka kawo, ya ce bai buɗe ba, duk an rubuta. Amma can sama a shafi na biyu akwai layin da ya ce kayan nasa ne, kuma na san da wannan layin ba wanda zai sa hannu a roƙon cubaw. Wajen azahar na ga leɓensa ya bushe, na nemi izini na ba shi ruwa da dabino uku.

Ga inda sana'ar take, ku buɗe kunne. In an gama tambaya, dole a karanta wa mutum abin da aka rubuta cikin harshen da yake ji kafin ya dangwala yatsa, kuma yana da ikon cewa a gyara. Aka buga takardar aka miƙo mini. Tafintan kasuwa in ya zo wannan layin zai ce kayana ne, don abin da ya ji da kunnensa ke nan ɗazu, Alhaji ya gyaɗa kai, a wuce, shi ke nan an gama da shi. Amma ni ba abin da Alhaji ya faɗa aka ba ni in karanta ba. Abin da takarda ta faɗa aka ba ni, kuma Sinancin da ke kanta fuska ɗaya gare shi. Na karanta a hankali, da ƙarfi yadda rikoda za ta ɗauka:

"An tambaye ni kayan wane ne. Na ce mallakina ne, ni ne mai su."

Alhaji ya ɗago kai. "Mi ka ce?"

Na maimaita.

"Wa ya hwaɗi haka? Ni ban ce mallakina ba ne. Amana ce aka ba ni."

Jami'in ya ce me yake cewa. Na juya masa. Ya ɓata rai, ya ce da bakinsa ya faɗa, kaset yana nan. Na juya wa Alhaji wannan ma. Dattijon nan da ya kwana yana rawar jiki sai na ga ya miƙe zaune, don yanzu an zo fagen da ya sani.

"Ka tambaye shi," ya ce, "direban bas in ya ce mutanena sun cika, shi ya haihe su? Sitona akwai kayan mutum ya hi arba'in. Akwai keken ɗinki na wata hajiya, akwai hitilu na wani ɗan Kumasi. Duka kayana ne, har su isa. In ɗaya ya ɓace ni za a tambaya. Amma ko allura ban saya ba a ciki."

Na juya shi kalma bayan kalma, har da direban bas. Matashin da ke bugawa ya ɗan murmusa ya sunkuyar da kai. Jami'in bai yi dariya ba. Ya jawo rasit ɗin da Madam Chen ta kawo, ya duba sunan da ke kai, ya duba hoton kwalayen inda aka rubuta sunan nan da baƙar tawada. Ya nuna wani hoton, na wasu kwalaye daban, ya ce waɗannan fa. Alhaji ya ce kayana ne, na Hajiya wance. Ya nuna na uku. Kayana ne, na wane. Jami'in ya ajiye hotunan, ya daɗe yana buga biro a tebur. Sannan ya ce wa matashin ya ja layi a kan kalmar, ya rubuta a gefe: kayan da aka ba ni ajiya domin turawa. Alhaji ya dangwala yatsa a kan gyaran, ya dangwala a ƙasan kowane shafi, ni ma na sa hannu. Rigata ta jiƙe da zufa har baya.

Aka bar mu a wani ɗan ɗaki. Jami'in ya hau sama da fayil ɗin, don ba shi ke yanke maganar ba, sai shugabansa ya sa hannu. Alhaji ya yi azahar a zaune a kan kujera. Ba mu yi magana ba, an hana mu. Ta taga ina hango wata mota mai raga a baya, an ajiye ta a tsakar gida, kuma na san inda take kai mutane. Na ji tsoro a wannan zaman fiye da yadda na ji a gaban rikoda, don yanzu ba sauran abin da zan iya yi.

Wajen ƙarfe huɗu ƙofa ta buɗe. Jami'in ya shigo da wata takarda, Lao Ma yana bayansa da farar hularsa a hannu. Ban fassara komai ba tukuna, amma Alhaji ya ga fuskata, ya rufe ido ya ce alhamdu lillahi. Aka karanta masa sharuɗɗa. Fasfo zai zauna a wurinsu. Ba zai bar Guangzhou ba sai da izini. Duk ranar da aka kira shi zai zo. Ba zai nemi shaidu ya yi musu magana ba. Ya amsa kowanne. Zan gaya muku tun yanzu cewa wata bakwai ya yi a haka, bai taɓa makara ba, har aka gano shagon da ya sayar da takalman, aka rufe maganarsa aka mayar masa da fasfo. Amma a ranar ba wanda ya san haka, kuma Lao Ma da zai sa hannu shi ma bai sani ba.

Saura takardar mai tsayawa. Akwai gurbin da ake rubuta dangantakar mutanen biyu. Jami'in ya fara da Alhaji.

"Mutumin nan mene ne naka?"

Alhaji ya buɗe baki, sai ya rufe. Ya juyo gare ni. "Malam Habu, in na ce ɗan'uwana ne, mi za ka hwaɗa mishi?"

"Abin da ka faɗa zan faɗa, Alhaji." Sannan na juya wa jami'in tambayar da amsar, don kaset.

Ya yi tunani sosai, kamar mai ƙirgen kwalaye. Ya ce, "To ka ce mai abinci ne. Ina ci wurinshi shekara shida. Ba mu haɗa uwa ba, ba mu haɗa uba ba, ba mu haɗa gari ba."

Na juya. Jami'in ya gyaɗa kai, ya dubi Lao Ma ya yi masa tambayar da Sinanci. Lao Ma bai yi wani tunani ba, ya ba da amsa da kalma huɗu, yana neman inda zai sa hannu. Jami'in ya dubi Lao Ma, ya dubi Alhaji, baƙi wuluk da farin gemu, sai a karo na farko a ranar na ga haƙoransa. Ya girgiza kai ya rubuta aboki, ya buga hatimi.

A bakin ƙofa Madam Chen tana ta bayani kan ranar da za a dawo, ni kuma na fito da jiƙaƙƙen tsumma ina goge wa Alhaji yatsa. Bai ji ko ɗaya daga abin da take faɗa ba. Idonsa yana kan Lao Ma, wanda ya riga ya tsaya bakin titi yana tare tasi, don lokacin abincin yamma ya gabato kuma ya bar tukunya a hannun matarsa.

"Malam Habu, ɗazu mi ya ce musu?"

"Ya ce kai ɗan'uwansa ne."

Na ga hawaye ya gangaro wa Alhaji ya shige gemu. Ya share da gefen rigarsa, ya gyara murya.

"To ka hwaɗa mishi shi yi hankali da bakinshi," ya ce. "Nan ƙasar ba a magana haka nan."